Wa ya tsara kiɗan? Tarihin Saluri Rajeswara Rao da abin da ya shafe mu a ciki

Wata ranar Laraba, ana saura minti goma a tashi, na tambayi ƴan ajina ko su wa suka kalli fim ɗin Baahubali. Kusan kowa ya ɗaga hannu, har da waɗanda ban taɓa ganin hannunsu a sama ba a darasin lissafi. Na ce to da wane harshe aka yi shi kafin a juya shi zuwa Hausa? Suka haɗa baki: "Indiyanci!" Na ce wa ya tsara kiɗan da ke ciki? Aji ya yi tsit. Can sai wani yaro daga bencin baya ya ce, "Mushe, ai inji ne ke yi."

An yi dariya, ni ma na yi, amma maganar ta bi ni har gida. Yaron ya faɗi abin da ya gani ne. Tun da ya buɗe ido, duk kiɗan da ya sani daga cikin salula yake fitowa. Da na ƙara tambayar su mene ne algaita, sai suka ce ai masu fassara fim ne na Kano. Biyu kaɗai suka san cewa abin busa ne, alhali ga fadar Sarkin Gobir nan a Tsibiri inda har gobe ake busa ta.

Daga Agye zuwa Cadawa, daga Gazawa zuwa Gidan Rumji, da wuya ka shiga kasuwa ba ka ga rumfar cajin salula ba, inda ake tura wa yara finafinai a memori. Da yawa daga cikin finafinan da muke kira Indiya-Hausa ba daga Bombai suka fito ba. Na kudancin Indiya ne, kuma kaso mai yawa da harshen Telugu aka yi su. Su Prabhas da Allu Arjun da Ram Charan da Mahesh Babu, waɗanda yaranmu suka raɗa wa sunayen Hausa, duk ƴan wasan Telugu ne. Masu wannan harshe sun haura miliyan 80, kusan ninki uku na mutanen Nijar, kuma mafi yawansu suna jihohin Andhra Pradesh da Telangana.

Kiɗan waɗannan finafinai yana da tarihi na shekara casa'in da wani abu, kuma mutane ne masu suna da iyaye da malamai suka gina shi. Ɗaya daga cikinsu nake so mu duba yau, domin rayuwarsa ta amsa mini wata tambaya da ta daɗe tana damuna game da namu kiɗan.

Lokacin da fim ya fara magana

Fim na farko mai magana a Indiya shi ne Alam Ara, wanda Ardeshir Irani ya fitar a Bombai a 1931. Yana da waƙoƙi bakwai, kuma tun daga ranar waƙa ta zama abokiyar tafiyar fim a ƙasar. A 1932 aka fitar da na farko da harshen Telugu, Bhakta Prahlada, wanda H. M. Reddy ya ba da umarni, H. R. Padmanabha Sastry kuma ya tsara kiɗansa.

A wancan lokaci wasan dandali aka ɗauko aka ajiye gaban kyamara. Ɗan wasa shi ne mawaƙi, dole ya rera da bakinsa a daidai lokacin da ake ɗauka, makaɗa kuwa suna ɓoye a gefe inda kyamara ba ta gani. In mutum ɗaya ya yi kuskure, sai a sake daga farko. Muryar ma irin ta dandali ce, wadda ake ɗagawa don na layin baya ya ji. A 1935 ne kamfanin New Theatres na birnin Kalkata ya fito da dabarar ɗaukar waƙa tun da farko a situdiyo, daga baya ɗan wasa ya motsa baki a kanta. Sun gwada ta a fim ɗin Dhoop Chhaon. Wannan dabara ce ta ba mai tsara kiɗa damar zama ya yi tunani, ya tara makaɗa da yawa, ya maimaita har sai abin ya yi masa. Ita ce kuma ƴan fim ɗin Kano suke amfani da ita har yau.

Ɗan makaɗi

An haifi Saluri Rajeswara Rao a 1922 a ƙauyen Sivaramapuram, kusa da garin Salur, a arewacin jihar Andhra Pradesh ta yanzu. Mahaifinsa, Sanyasi Raju, makaɗin mridangam ne, wata ganga mai baki biyu da ake kwantarwa a buga da hannu. Yana yi wa Dwaram Venkataswamy Naidu kiɗa, wanda yake cikin manyan masu goge irin na Turawa a kudancin Indiya, kuma yana rubuta waƙa.

Kiɗan gargajiyar kudancin Indiya, wanda ake kira Karnatik, ilimi ne da ake zama a koya shekara da shekaru. Ginshiƙinsa biyu ne. Akwai raga, wato hanyar da murya za ta bi wajen hawa da sauka, kowace da sautukan da aka yarda ta taka da yanayin da take sa wa zuciya. Akwai kuma tala, zagayen bugun da ke riƙe da waƙar, kamar yadda kari yake riƙe da rubutacciyar waƙar Hausa. Babban abin alfaharin masu harshen Telugu shi ne, Tyagaraja, wanda ya rayu daga 1767 zuwa 1847 kuma ake ɗauka a matsayin jigon wannan fanni, da harshensu ya yi mafi yawan waƙoƙinsa.

A cikin wannan gida yaron ya tashi. Uban ne malaminsa na farko, shi ya koya masa bambanta raga da riƙe bugu, kuma yana ɗan shekara bakwai ya fara hawa dandali. A 1934 wani kamfanin faifan garmaho ya kai shi Bangalo aka ɗauki muryarsa. Daga nan masu shirya fim suka ji labarinsa suka kawo shi Madras, birnin da yanzu ake kira Cennai, wanda a lokacin shi ne cibiyar finafinan kudu. A 1935, yana ɗan shekara 13, ya fito a fim ɗin Sri Krishna Leelalu a matsayin Krishna, ɗaya daga cikin abubuwan bautar mabiya addinin Hindu. Muryarsa ta sa sunansa ya zagaye ƙasar Telugu.

Yaro mai irin wannan farin jini yana iya tsayawa nan ya ci kasuwarsa har murya ta fashe. Shi sai aikin fim ya kai shi Kalkata, kuma a can ya sake komawa ɗalibi. Ya haɗu da Pankaj Mullick da K. L. Saigal, manyan New Theatres. Ya zauna a gaban Saigal ya koyi kiɗan arewacin Indiya, wanda tsarinsa ya bambanta da na kudu, ya kuma ga yadda ake rera waƙa a hankali a bakin makirfo ba tare da ihu ba. Ya koyi sitar, daga baya ya ƙara da fiyano da mandolin da gita. Abin da ya fi amfanarsa shi ne ganin yadda ake haɗa makaɗa da yawa, kowa da nasa layin, su fitar da abu guda.

Ya dawo Madras a 1938. A 1939 aka ba shi tsara kiɗan fim ɗin Jayaprada, bai kai shekara 18 ba. A 1940 ya yi Illalu, inda ya tsara kiɗan kuma ya fito a ciki. A shekarun nan ne shi da mawaƙiya Rao Balasaraswathi Devi suka yi faya-fayai na waƙoƙi masu sanyi, gajeru, waɗanda jijiyarsu ke cikin raga amma kowa yana iya bi. Daga nan ya bar fitowa a fim ya koma bayan fage gaba ɗaya.

Gangunan Chandralekha

Ya yi kusan shekara goma a situdiyon Gemini na S. S. Vasan. A Madras ta wancan zamani ma'aikata ɗaya ne ke yin finafinan Telugu da na Tamil, shi ya sa aikinsa mafi girma a Gemini ya zama na Tamil, wato Chandralekha, wanda ya fito a 1948 bayan shekara biyar ana aikinsa. Ya ci kusan rupi miliyan 3, kuma har zuwa lokacin ba a taɓa kashe wa fim irin wannan kuɗi a Indiya ba.

Abin da ake tunawa da shi shi ne rawar ganguna ta ƙarshe. An jera manya-manyan ganguna a filin fada, mata ɗaruruwa suna rawa a kansu, ashe mayaƙa ne ɓoye a ciki, suna jiran kiɗan ya kai wani wuri su fito su far wa azzalumin sarki. A nan kiɗan ne ke riƙe da labarin. Shi ke jan numfashin mai kallo, yana ƙara sauri a hankali har gangunan su buɗe. Rajeswara Rao, tare da M. D. Parthasarathy da suka yi kiɗan bayan fage, ya zuba abubuwa iri-iri a fim ɗin: na kudu, na arewa, da salon rawar Turai da na Latin Amurka. Da aka fitar da shi da harshen Hindi a ƙarshen shekarar, ya karɓu a duk faɗin ƙasar, ya buɗe wa finafinan kudu kasuwar arewa.

Mutumin da ya yi wannan haɗe-haɗe shi ne kuma bayan shekara uku ya yi Malliswari, a 1951, tare da darakta B. N. Reddy. Labari ne da Bahaushe zai gane nan take. Yarinya da ɗan'uwanta na zumunci suna son juna tun ƙuruciya, uwar yarinyar ta raina talaucinsa, ya tafi neman kuɗi, kafin ya dawo an kai ta fadar sarki Krishnadevaraya, wanda ya mulki daular Vijayanagara daga 1509 zuwa 1529, inda ba namijin da zai sake ganin fuskarta. Marubucin waƙa Devulapalli Krishnasastri ya rubuta baitocin, aka kwashe watanni ana tsara kiɗan ana maimaitawa. A nan Rajeswara Rao ya koma rumbun gidan ubansa, ya ɗora waƙoƙin a kan raga na asali da salon waƙoƙin ƙauye. Bhanumathi ta rera nata da bakinta, Ghantasala ya rera wa jarumin, N. T. Rama Rao, wanda ya zama babban ministan jihar a 1983, kuma kakan jarumin nan Jr. NTR ne da yaranmu suka gani a fim ɗin RRR. Har yau masu harshen Telugu suna sa waƙoƙin Malliswari a sahun gaba.

Ƴan'uwana malamai za su ji daɗin labarin Missamma, na 1955. Saurayi da budurwa ne da suka gama jami'a ba aiki. Wani mai gari ya yi shelar yana neman miji da mata su koyar a makarantarsa, sai suka yi ƙaryar su ma'aurata ne don su samu aikin, alhali shi Hindu ne ita Kirista. Duk wanda ya taɓa jiran a ɗauke shi kwantaragi ya san abin da ya kai su. A fim ɗin Rajeswara Rao ya tsara waƙa mai salon coci, ya tsara masu salon gargajiyar Hindu, ya yi na barkwanci, kowace ta zauna daidai bakin mai rera ta. Da aka sake fim ɗin da Hindi a 1957 da sunan Miss Mary, mai tsara kiɗan, Hemant Kumar, ya ɗauki ɗaya daga cikin karin waƙoƙinsa ya yi amfani da shi. Wanda ya je Kalkata koyo, ga shi ƴan arewa sun zo aro wurinsa.

An san shi da ƙin a yi masa katsalandan a aiki. A fim ɗin Mayabazar na 1957, wanda ake lissafawa cikin manyan finafinan Indiya, ya tsara karin waƙoƙi huɗu sannan ya bar aikin, Ghantasala ya ƙarasa. Ya ci gaba da aiki har cikin shekarun 1980. Jami'ar Andhra ta karrama shi da digirin girmamawa a 1979, gwamnatin jihar ta ba shi lambar Raghupathi Venkaiah a 1992, ya rasu a watan Oktoba na 1999.

Zaren bai tsinke da rasuwarsa ba. Ɗansa Koti ya zama mai tsara kiɗa, kuma a ƙarƙashin Koti da abokin aikinsa Raj ne wani matashi ya yi shekaru yana buga fiyano kafin duniya ta san shi da sunan A. R. Rahman, wanda ya ci lambar Oscar biyu a 2009. A 2023 kuma M. M. Keeravani ya ci Oscar da wata waƙa ta fim ɗin RRR. Keeravani ɗin nan shi ne amsar tambayar da na yi wa ƴan ajina, shi ya tsara kiɗan Baahubali.

Mu kuma fa?

Mu ma mun daɗe muna aro daga Indiya. Tun shekarun 1950 gidajen silima na Kwarori a Kano da sauran birane suke nuna finafinan Bombai. Makaɗa irin su Abdu Yaron Goge na Jos sun ɗauki karin waƙoƙin Indiya sun zuba musu Hausa a kan goge, masu bandiri ma sun yi haka a waƙoƙin bege. Da ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya a Kano a 1990, sana'ar fim ɗin bidiyo ta kafu, kuma cikin shekara goma waƙa da rawa suka zama abin da ke sayar da kaset. Matasa irin su Nasiru Gwale ne suka fara buga wa finafinan fiyano, situdiyo irin na Iyan-Tama suka sayo fiyanon Yamaha. Waƙar fim ɗin Sangaya, na su Ali Nuhu da Fati Muhammad, ta game ƙasar Hausa har nan wurinmu, kuma ina ganin wani ɓangare na farin jininta ya zo ne daga yadda aka kwaikwayi sautin kalangu da sarewa a cikinta, kunne ya ji ƙanshin gida.

Waɗannan matasa sun yi abin a yaba, domin da ɗan abin hannunsu suka kafa sana'ar da ke ciyar da dubban mutane. Fiyano ɗaya yana yin aikin mutum goma, kuma mai fim ɗin da ke lissafin kuɗin kaset ba zai iya ɗaukar mutum goma ba. Sai dai akwai wani dalili da ya shafe mu iyaye kai tsaye. A wurinmu kiɗa sana'ar gado ce da muka ajiye a ƙasan tsani. Wanda ya rataya kalangu maroƙi ne, ba kowane gida zai ba shi aure ba. Fiyano kuwa baƙo ne, ba shi da wannan tabo, ɗan kowa yana iya taɓa shi. Saboda haka masu fiyano suka tashi ba su zauna a gaban makaɗan gargajiya ba, ƴaƴan makaɗan kuma da yawa suka gudu daga gadon don kunya. Kiɗan fim da kiɗan gargajiya suka girma a gidaje daban-daban.

Ku duba Mamman Shata. An haife shi a Musawa a 1923, shekara ɗaya bayan Rajeswara Rao, ya rasu ranar 18 ga Yuni 1999, wata huɗu kafin shi. Shi ma jami'a ta karrama shi, Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya a 1988. Tsara ne, kowa gwani a harshensa. Amma ɗaya ubansa ne ya kama hannunsa ya kai shi dandali, ɗayan kuwa mahaifinsa bai so ya yi waƙa ba. Ɗaya iliminsa ya shiga situdiyo ya haifi almajirai da jikokin almajirai, ɗayan kuma a shekarar da ya rasu ne aka raɗa wa sana'ar fim ɗin Kano suna Kannywood, ta tafi da fiyanonta ta bar kalangunsa a kaset.

Hausawa sun ce sai da ruwan ciki ake jan na rijiya. Rajeswara Rao ya yi aro fiye da duk wani mawaƙin fim ɗinmu, amma abin da ya aro ya narke cikin abin da ya riga ya mallaka. Wanda bai mallaki komai ba, in ya yi aro, aron ne kawai za a ji.

A nan Nijar muna da misalin da ya kamata kowane malami ya sani. Malam Mamman Barka, ɗan Tesker, malamin makaranta ne kafin ya shahara da gurumi. A 2002, da sunansa da girmansa, ya tafi bakin tafkin Cadi ya zauna a gaban Bukar Tar, tsohon da ya rage cikin masu kaɗa biram, wani abin kiɗa mai tsirkiya biyar na masuntan Buduma. Ya koya, tsohon ya ba shi nasa biram ɗin, ya zagaya duniya da shi kafin ya rasu a 2018. Da ya yi jinkiri kaɗan, da sai dai a ga biram a rataye a cibiyar kiɗa ta Elhaji Taya da ke Yamai.

Abin da ke hannunmu

Na san cikin iyaye akwai masu ganin kiɗa bai da wuri a gidansu, kuma hukuncin wannan na malaman addini ne. Amma ko wanda ya hana, ya sani ɗansa yana ji a rumfar caji. Darasin kuma ya wuce kiɗa. Haka yake ga ƙira da jima da saƙa da gini: yaron da muka koya wa jin kunyar sana'ar kakansa zai fita duniya hannu wofi, duk abin da ya tarar sai dai ya kwafa.

Mu malamai, jadawali ya ware ɗan lokaci don waƙa, kuma mu faɗi gaskiya, sau da yawa muna cinye shi da lissafi ko gyaran rubutu, ni ma ina ciki. Ba a bukatar kuɗi kafin a gayyato tsohon mai gangar noma ko mai goge ya nuna wa yara yadda ake ɗaure fata da yadda ake ɗinka baiti. Salular da ke kawo Baahubali tana iya ɗaukar waƙar niƙa da ta daɓe da ta gaɗa daga bakin tsofaffi, a rubuta sunan mai rerawa da garinta da ranar. Iyaye kuma, in kun ga yaro yana kallo, ku zauna tare da shi ko sau ɗaya, ku sa shi ya karanta sunayen da ke wucewa a farkon fim, ya gano wanda ya rubuta da wanda ya tsara kiɗa. Yaron da ya san mutum ne ya yi, zai fara tunanin shi ma yana iyawa.

A makon da ya biyo baya na ba ajin aikin gida: kowa ya samo waƙar aiki guda daga bakin wani tsoho, ya tambayo wurin wa ya koye ta. Wata yarinya ta kawo waƙar niƙa mai baiti tara daga kakarta. Yaron nan na bencin baya kuwa ya jira har kowa ya fita sannan ya matso. Ya ce da ya tambaya a gida, kakarsa ta kai shi bayan rumbu ta nuna masa wata ganga a rataye, fatar ta yage. Ta marigayi kakansa ce, shi ke yi wa ƴan gayya kiɗa a ƙauyensu, kuma babansa bai taɓa gaya masa ba. Ya ce, "Mushe, ana iya gyara ta?"

Na ce masa sai mun fara neman izinin babansa. Ranar kasuwa mai zuwa zan je in gaishe shi, kuma na riga na sa a tambayo mini ko akwai sauran mai ɗaure fatar ganga a yankin.